Mu Fita Mu Ga Ƙasarmu

 Yau tambaya na zo da ita. A cikin wuraren tarihi da abubuwan mamaki da Allah ya ajiye a ƙasar nan tamu, guda nawa kika taɓa gani da idonki?

Mafi yawanmu tafiya uku muka sani, watau zuwa biki, da gaisuwar mutuwa, da asibiti. Mai ɗan hali ta ƙara da zuwa saro kaya. Sai ki ga mace ta je Kano sau goma, ta san kowane lungu na Kantin Kwari, amma ba ta taɓa ɗaga kai ta dubi Dala ba. Mu malaman makaranta kuwa abin ya fi damunmu. Muna tsayawa gaban allo muna ba yara labarin ganuwa da na Yankari daga cikin littafi, yaro ya ɗaga hannu ya ce, "Malama, giwa ta kai ɗakin nan tsawo?" Wadda ba ta taɓa gani ba me za ta ce? Gani ya kori ji. Uwa kuwa ita ce makarantar fari, abin da ba ta sani ba ba ta ba ɗanta.

Maganin wannan shi ne irin tafiyar da ake kira yawon buɗe ido. Mutane su haɗu, su tara kuɗi, su ɗauki mota guda, su yi kwanaki suna bin wurare bisa tsari, ko'ina suka sauka da wanda ya san wurin yana yi musu bayani. A Ingila wani mutum mai suna Thomas Cook ya yi suna a kan wannan sana'a. A 1841 ya kwashi mutum wajen 500 a jirgin ƙasa daga garin Lesta zuwa wani gari kusa, kowa ya biya sule ɗaya, zuwa da komowa. Daga nan abin ya bunƙasa har ya kai ga zagaya ƙasashe.

Amma kada ki ce abin Turawa ne. Kakanninmu fatake da ke zuwa Gwanja sayen goro sun san tsarin ayari sarai. Akwai madugu, shi ne shugaba. Akwai jagaba mai sanin hanya da zango. Akwai ubandawaki mai kula da kuɗin da za a biya a hanya. Ta wajen mata kuma, a zamanin Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda ta rasu a 1864, jajis ne ke jagorantar ƙungiyoyin mata 'yan taru daga ƙauyuka, su yi tafiya mai nisa don neman ilmi, su koma su koya wa na gida. Ashe mata su fita cikin tsari da mutunci don su ƙaru, gado muka yi.

To, ga wata tafiya ta kwana bakwai da matan ƙasar Gumel za su iya shiryawa.

Ranar fari, a sa ta zama Alhamis, kuma a fara da gida. Ku nemi dattijon da ya san tarihi ya kai ku ƙofar fada ya ba ku labari. Mangawa ne suka kafa sarautar nan wajen 1750, Ɗan Juma ne sarkin fari. Borno ta bi, kuma ko bayan jihadi ba ta shiga ƙarƙashin Sakkwato ba, ga ta kuwa tsakanin Kano da Haɗeja da Damagaram. Gari nawa ne a Arewa zai faɗi haka? Kafin a zauna a Gumel sarauta ta zauna a Tumbi, wadda yanzu tana cikin ƙasar Nijar. Turawa sun iso a 1903. Da hantsi sai ku wuce Maigatari, gama ran nan kasuwarta ke ci. Nan za ku ga raƙuma da dawaki da shanu da tumaki sun taru daga Nijar da wasu ƙasashe, manyan motoci na lodi zuwa Kudu. 'Yar Gumel da ba ta taɓa shiga kasuwar nan ba, wallahi da sauranta.

Rana ta biyu ku bi ta Malam Madori zuwa Haɗeja. Mu da su an sha gwabzawa a zamanin da, yau kuwa surukai ne da 'yan'uwa. Ku tambayi labarin Sarki Buhari, da na 1906, lokacin da Haɗejawa suka ƙi miƙa wuya ga Turawa, aka yi yaƙi cikin gari har Sarki Muhammadu ya rasa ransa. Da la'asar ku nufi fadamar Baturiya a ƙasar Kirikasamma. Mu da muka saba da rairayi da rijiya mai zurfi, ganin wannan shimfiɗar ruwa kaɗai ya isa kallo. Ga dinya, ga kirinjijiya, ga zalɓe, sa'an nan ga baƙi: agwagin ruwa da ƙananan tsuntsayen bakin ruwa waɗanda ke gudo wa sanyin Turai, su ƙetare Sahara da fikafikansu, su yi hunturu a nan, su koma. Tsuntsun da bai cika tafin hannunki ba ya yi wannan tafiya, ke kuwa kina ganin Haɗeja da nisa! Saboda darajar wurin, a 2008 aka sa shi cikin jerin manyan fadamun duniya na yarjejeniyar Ramsar.

Rana ta uku ku ratsa Dutse, babban birnin jiharmu tun da aka kafa ta a 1991, ku sauka Birnin Kudu. A nan nake so ku daɗe. Bayan gari akwai duwatsu, irin su Dutsen Habude da Dutsen Mesa da Dutsen Murufu, kuma a ƙarƙashin inuwarsu akwai zane-zanen da mutanen da can can suka yi a jikin dutse. Shanu ne mafi yawa. Ki matsa kusa ki duba da kyau, za ki ga yawancinsu ba su da tozo. Shanun da muka sani a ƙasar nan yau masu tozo ne, don haka masana suka gane cewa zanen ya daɗe ƙwarai, tun zamanin da ake kiwon wani iri dabam. Akwai kuma duwatsun da in an buga su da ƙaramin dutse sai su yi ƙara kamar ƙararrawa, har wurin bugun ya lotsa saboda yawan hannun da ya taɓa shi. Wani Bature mai binciken kayan tarihi, Bernard Fagg, shi ya ba duniya labarinsu a shekarun 1950, ya kuma rubuta cewa ya tarar amaren garin suna zuwa ɗaya daga cikin duwatsun nan lokacin biki. Kun ga ashe mata na da hannu cikin tarihin wurin. In ba da ɗan gari ba, sai ki wuce dutsen ki ce dutse ne kawai. Da ɗan gari akan ci gari.

Rana ta huɗu ta hanya ce. Ku yi sammako ku bi ta Ningi da Bauchi, ku isa Yankari kafin rana ta faɗi. An keɓe wannan daji a 1956, aka buɗe shi ga masu kallo a 1962, girmansa murabba'in kilomita 2,244, kuma tun 2006 yana hannun gwamnatin jihar Bauchi. Kusa da masauki akwai maɓuɓɓugar Wikki, ruwa garau yana fitowa daga ƙarƙashin dutse, ɗuminsa digiri 31 dare da rana, rani da damina. Wurin wanka ne na kowa da kowa, saboda haka shugabar tafiya ta tambayi ma'aikata lokacin da ba jama'a. Ku kulle ƙofa da taga, don gwaggon birin wurin ba shi da kunya, yakan fizge leda daga hannun mutum.

Rana ta biyar da sassafe ku shiga motar kallo tare da ma'aikacin daji. Da rani namun daji kan taru a bakin kogin Gaji don shan ruwa. Akan ga ɓauna da gwanki da gwambaza da dorina, mai rabo kuma ta ga giwa. Na ce mai rabo, domin daji ba gidan zu ba ne, ba wanda ya ɗaure dabba yana jiran ki. Ku roƙa a kai ku kogunan nan 59 da mutanen da suka sassaƙa a jikin dutse, waɗanda ake kira da sunan Marshall. Da yamma ku komo Bauchi ku kwana.

Rana ta shida ku kama hanyar Kano. In kun isa da sauran rana, ku hau Dala ku ga birni shimfiɗe ƙarƙashinku. Rana ta bakwai ku fara da Gidan Makama, inda aka tara kayan tarihi, sai kasuwar Kurmi wadda Sarki Muhammadu Rumfa ya kafa, shi da ya yi sarauta daga 1463 zuwa 1499. Ku ƙare da marinar Ƙofar Mata, wadda aka ce tun 1498 ake rini a cikinta da baba da toka. Maza ke tsoma zane, amma ɗaurin da ke fitar da adon mata ke yin sa a cikin gida. Daga nan gida kimanin kilomita 120 ne, kafin magariba kun iso.

Wadda kwana bakwai suka yi mata yawa, ta yi na uku: Birnin Kudu, da Kano, da Daura, inda za ta ga rijiyar Kusugu ta ji labarin Daurama da sarakuna mata da suka riga ta.

Me ya sa nake gaggauta ku? Domin abubuwan nan ba jiran mu suke yi ba. Ganuwar Kano da Sarki Gijimasu ya soma, shi da ya yi zamani daga 1095 zuwa 1134, yau wurare da yawa ta zube, an ɗebi ƙasarta, an yi gine-gine a kanta. A marina ramukan da aka daina aiki da su sun fi masu aiki yawa. Tun da aka gina madatsar Tiga a 1974 da ta Challawa a 1992, ambaliyar da ke ciyar da fadamun Haɗeja ta sake hali, ciyawar kacala kuma ta toshe hanyoyin ruwa. Giwayen Yankari sun ragu ƙwarai saboda mafarauta. Abin da mutane ba su sani ba ba sa jin zafin ɓacewarsa. Amma macen da ta tsaya gaban zanen nan na Birnin Kudu ba za ta bar ɗanta ya kankare shi da ƙusa ba.

Yanzu sai yadda za a shirya. Ku haɗu kamar cikin mota guda, ku sa adashi tun watanni kafin lokaci, kamar yadda muke yi don kayan ɗaki. Ku zaɓi dattijuwa mai faɗa a ji ta zama madugu, da mai riƙon amana ta riƙe kuɗi tana rubuta kome. Ku yi ciniki da direban da shugabannin tasha suka sani, a rubuta kuɗin mota da na mai da na kwanansa tun kafin a tashi. A aika tun da wuri a kama masauki, a kuma nemi izini wurin fada ko ma'aikatan da ke tsaron kowane wuri. Mai yi muku bayani ku biya shi hakkinsa, ku yi ta yi masa tambaya, in ya faɗi abu ku ce, "Wannan a rubuce yake, ko ji aka yi?" Lokaci mafi kyau shi ne hutun makaranta na ƙarshen shekara, gama tsuntsaye sun iso, zafi kuma bai sauko ba. Ku riƙe bargo da gidan sauro da maganin zazzaɓi, da guzuri irin su dambun nama da ƙuli-ƙuli. Kada a yi tafiyar dare ko kaɗan, kuma kowace safiya a tambayi lafiyar hanya kafin a tashi. Kowace ta riƙe ɗan littafi da alƙalami. Hoton waya yana da kyau, amma ba ya riƙe bayani.

Saura maganar masu gida. Kada ki bari sai ana gobe za a tashi ki faɗa masa. Ki kai masa takardar tsarin tun da wuri, ya ga inda za a kwana da waɗanda za a tafi da su. Ku tafi da muharramai biyu ko uku cikin mazanku ko 'yan'uwanku, hankalin kowa ya kwanta. In ya ce ɓarnar kuɗi ce, ki lissafa masa cikin ladabi abin da anko ya ci a bara. Ku kuma iyayenmu maza da ke leƙa wannan fili, don Allah ku duba. Matar da ta ga ƙasa ta fi iya tarbiyyar 'ya'yanku.

Ga 'yan matanmu masu ilmi kuma, ga sana'a nan kwance. Ayarin mata ya fi sakewa da mace mai bayani. Wadda ta karanta tarihi, ta zauna da dattawa ta rubuta abin da suka sani kafin su shuɗe, ita ce za ta zama jagabar gobe, har ta riƙa nuna wa baƙi Gumel tamu.

Ƙungiyar da ta fara yin wannan tafiya, ta rubuto mana abin da ta gani, mu buga a wannan fili don saura su ƙaru. Allah ya kai ku lafiya, ya komo da ku lafiya. Sai mako mai zuwa.