Ko Kun Sani?

Akwai wani maganin tari da ba kowa ya san shi ba, ana kiransa folkodin, a jikin kwalba kuma za ku ga an rubuta Pholcodine. Sunan haɗin gambiza ne. Gaɓar "fol" an yanko ta daga mofolin, wani sinadari da masana suka liƙa wa mofin, maganin kashe zafin ciwo, suka samar da folkodin. Ragowar kuwa daga kodin aka aro, wannan da gwamnatin Najeriya ta hana haɗawa da shigo da maganin tarinsa a 2018.

Shi kansa kodin daga Girkanci ya samo suna, kodeya, wato kan tsiron da ake tatsar ofiyom daga cikinsa. Wani Bafaranshe, Pierre Robiquet, ya fara tace kodin a 1832.

Tun shekarun 1950 ake shan folkodin don busasshen tari, domin yana kwantar da sashen ƙwaƙwalwar da ke tayar da tarin. Sai daga baya aka gano wata ɓoyayyar illa mai tayar da hankali: wanda ya sha shi cikin wata 12 kafin tiyata, jikinsa na iya yin mummunan bore ga allurar saki tsoka da ake haɗawa da ta barci, har numfashi ya sarƙe. Norwe ta janye shi tun 2007, Birtaniya da Ostareliya suka bi sahu a 2023.