Damina a Mabai: Ruwa Ya Sauya Hali, Gona Ta Yi Nisa

Dattawan Mabai, a ƙaramar hukumar Ƙanƙara, sun tashi da lissafin damina a ka. Watan bakwai maƙarar rani, in ji masu iya magana. Idan gawo ya fara zubar da ganye, iskar bazara ta juyo, magidanci ya san lokacin fiddo iri ya yi. Yanzu wannan lissafi yana ba su kunya. Ruwa kan sauko da ƙarfi a watan Mayu, a yi shuka, masara ta tsiro, sai ya ɗauke mako biyu ko uku. Tsiro ya ƙone, a sake sayen iri, a fita roƙon ruwa. Idan kuma Agusta ta zo, ruwan kwanaki ya zuba a dare ɗaya, ya kwashe takin da aka ci bashi aka saya, ya bar kwazazzabo a tsakiyar gona.

Nan ba bakin hamada ba ne kamar Jibiya ko Mai'aduwa. Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa rumbun jihar Katsina ne: masara, dawa, waken suya, da audugar da ta raya masana'antun Funtuwa. Shi ya sa abin ya fi ciwo. Mutanen da suka ga farin 1973 da na 1984 sun san yunwa, amma wancan fari zuwa ya yi ya wuce. Wannan kuwa zama ya yi, kullum da sabuwar fuska. Tun 2016 ga tsutsar nan mai cin zuciyar masara, ga ƙuduji da ke bin ƙasar da ta gaji.

Me ya gajiyar da ƙasar? A nan ne maganar yanayi ke haɗuwa da maganar da kowa ke yi ƙasa-ƙasa. Gonakin daji, masu ƙarfi, sun koma hannun tsoro. Duniya ta san sunan Ƙanƙara ne a Disambar 2020, lokacin da aka sace ɗaliban makarantar sakandaren kimiyya sama da 300, amma manomi ya riga duniya sanin wannan tsoro. Wanda ba ya iya zuwa gona mai nisa sai ya matsa wa ta bayan gida, shekara da shekaru babu hutu. A da, Bafulatani kan sauka a gona bayan girbi, shanu su ci kara su bar taki, mai gona ya ba da dami. Wannan amana ta karye, burtali ya shige cikin gonaki, mashaya ta ƙafe da wuri. Ba na cewa sauyin yanayi ne ya ɗora wa kowa bindiga a kafaɗa. Zalunci da talauci da sakacin hukuma suna da nasu kason. Amma ƙarancin ciyawa da ruwa ya zuba wa wutar mai.

Gwamnati ba ta yi shiru ba, a takarda dai. Katsina na cikin jihohi 11 na shirin Babbar Koriyar Ganuwa, wanda aka kafa wa hukuma a 2015. A Nuwambar 2021 Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu a dokar sauyin yanayi. Ga shirin ACReSAL na Bankin Duniya, dala miliyan 700, don farfaɗo da ƙasa a jihohin Arewa 19 da Abuja. Hukumar NiMet na fitar da hasashen damina kowace shekara, cibiyar binciken noma ta Samaru kuma na da irin masara mai saurin nuna. Duk abubuwa ne masu amfani. Matsalar ita ce sukan tsaya inda kwalta da kwanciyar hankali suka tsaya, malamin gona kuwa ba ya shiga inda ba shi da tabbacin fitowa.

Shekarar 2021 ta nuna yadda hannun dama ke warware saƙar hagu. Dokar tsaron da Gwamna Aminu Bello Masari ya kafa ta hana motocin itace fitowa daga daji, abin da ya ba marke da ƙirya numfashi. Amma ta hana sayar da fetur a jarka, alhali da shi mai lambu ke tayar da injin ban ruwa. Aka rufe kasuwannin dabbobi, aka katse layukan waya. Hasashen ruwan da ake turowa ta waya, ta ina zai iso?

Abin da na fi so a gwada ba ya buƙatar kwangila. A ƙasar Maraɗi, tun shekarun 1980, manoma suka daina tumɓuke kututture lokacin sassabe. Sukan zaɓi reshe biyu ko uku masu ƙarfi su bari, su datse saura. Da haka miliyoyin itatuwa suka dawo gonakin Nijar ba tare da dashe ba. A Mabai har yanzu akwai saiwar ɗorawa da kaɗanya da gawo a ƙarƙashin kunya, kuma a gonar bayan gida ma ana iya yi, inda yaro zai hango katangar gidansu yana riƙe da adda.