Mustafa Akkad: abin da alƙaluman finafinansa ke faɗa

Dala 200 da Alƙur'ani guda ne guzirin da mahaifin Mustafa Akkad ya ba shi ranar da zai bar birnin Halab na Siriya zuwa Amurka karatun shirya fim. An haife shi a 1930, ya yi karatu a jami'ar UCLA da ke Los Anjalas, ya fara da shirye-shiryen talabijin. A duk rayuwarsa manyan finafinai biyu kacal ya ba da umarni, Ar-Risala na 1976 da na Umar Mukhtar na 1981, amma ya ɗauki nauyin finafinan ban tsoro guda takwas masu suna Halloween daga 1978 zuwa 2002. Waɗannan alƙaluma biyu, 2 da 8, su ne mabuɗin aikinsa.

Kuɗin da aka fi ambatawa an kashe wa Ar-Risala dala miliyan 10 ne. Mai karatu ya sani cewa kuɗin finafinai biyu ne a haɗe, domin Akkad ya ɗauki kowane fage sau biyu, da 'yan wasan Larabci da na Turanci. Abdullah Gais ya fito a matsayin Sayyidina Hamza a na Larabci, Anthony Quinn a na Turanci. An gina kwaikwayon garin Makka a Maroko, aiki ya yi nisa, sai matsin lamba daga Saudiyya ya sa aka dakatar da shi. Dole aka kwashe kaya da ma'aikata zuwa Libiya, inda Gaddafi ya buɗe baitulmali aka ƙarasa. Malaman Azhar sun duba labarin, kuma a tsawon kusan awa uku ba a nuna Manzon Allah (SAW) ba, ba a ji muryarsa ba, haka ma halifofinsa huɗu. Duk da wannan taka-tsantsan, a watan Maris na 1977 'yan bindiga 12 suka mamaye gine-gine uku a Washintan suka yi garkuwa da mutum 149, kuma cikin buƙatunsu har da a daina nuna fim ɗin. Kasuwarsa a Amurka ba ta farfaɗo ba bayan haka. A Saudiyya kuwa sai a 2018 aka haska shi a silima, shekara 42 bayan fitowarsa.

Lissafin fim ɗin Umar Mukhtar ya fi ciwo. An kashe kimanin dala miliyan 35, akasari daga gwamnatin Libiya, aka samu abin da bai wuce miliyan ɗaya da ɗoriya ba a gidajen silima. Wato kowace dala ɗari da aka zuba, uku ko huɗu ta dawo da ita, kuma ko wannan ba duka ke shiga hannun mai fim ba, tunda masu silima kan riƙe kusan rabin kuɗin tikiti. Me ya cinye kuɗin? Dawakai, tankokin yaƙi irin na lokacin, dubban 'yan rakiya a cikin sahara, da manyan 'yan wasa: Quinn a matsayin Mukhtar, Oliver Reed a matsayin Janar Graziani, Rod Steiger a matsayin Musolini. Akkad ya ƙi yi wa tarihin rowa, domin labarin malamin allo ne da ya yi shekara 20 yana yaƙar Italiya a Libiya har aka rataye shi ranar 16 ga Satumba, 1931. Italiya ta hana nuna fim ɗin a 1982, ba a sa shi a talabijin ɗin ƙasar ba sai 2009.

Halloween na farko kuwa, wanda John Carpenter ya ba da umarni, kimanin dala 300,000 ya ci, ya kuma tara kusan miliyan 70 a duniya, ninki fiye da 200. Da kuɗin fim ɗin Umar Mukhtar ana iya yin irinsa sama da ɗari. Wannan rijiya ce ta shayar da gidan Akkad da kamfaninsa shekara da shekaru.

Sai dai alƙaluman silima tikiti kawai suke ƙirgawa. Ba su san kaset ɗin bidiyo da ya zaga gidaje goma a unguwa ɗaya ba, ba su san faifan da aka kwafa ba, ba su san tashoshin talabijin da ke maimaita Ar-Risala duk azumi ba. Ta waɗannan hanyoyi ne mafi yawan masu kallo a ƙasar Hausa suka ga Bilal ƙarƙashin dutse da yaƙin Badar, kuma ba sisin kobo da ya koma wa wanda ya yi wahalar. A ganina, wanda ya kira Ar-Risala da fim ɗin Umar Mukhtar asara ya karanta rabin littafin lissafi ne kawai. Sauran rabin kuma abin kunya ne a kan masu kuɗin duniyar Musulmi: Akkad ya shafe shekaru yana neman masu zuba jari don fim ɗin Salahuddin Al-Ayyubi, da niyyar sa Sean Connery a ciki, bai samu abin da ya ishe shi ba.

Ranar 9 ga Nuwamba, 2005, aka tayar da bama-bamai a otal uku a birnin Amman na Jodan, mutum kusan 60 suka mutu. Akkad na cikin waɗanda harin ya rutsa da su. 'Yarsa Rima ta rasu nan take, shi kuma ya cika bayan kwana biyu yana da shekara 75, ba a ɗauki fage ko ɗaya na fim ɗin Salahuddin ba.