Baƙon da Ya Haɗa Rinjin Zazzau da Gonar Rake

Ga kacici-kacici, mai karatu, kuma kada ka yi garajen amsawa. A 1949 wani baƙo ya sauka ƙasar Zazzau da matarsa, ya dinga bin fadawa da dattawa da tambaya: wa ya naɗa wane, wa ya tuɓe wane, gandun wa bayi suke nomawa. Daga baya littattafai uku suka fito daga hannunsa, na sarautar Zazzau a 1960, na Daura a 1978, na Kano a 1997 bayan rasuwarsa. To, mutumin ina ne?

Za ka ce Di'o ne mai rangadin haraji. A'a, ko anini bai karɓa ba. Ɗan mishan fa? Shi ma a'a. Matarsa Mary ba wa'azi ya kai ta cikin gidaje ba, zama ta yi a Giwa tana rubuta labarin wata tsohuwa, Baba ta Karo, daga bakinta, aka buga shi a 1954. To ko Baturen Ingila ne da sarauta ta burge? Daga jami'a a Landan ya taso, wannan gaskiya ne. Amma ga wani sawu da ya ƙi dacewa da takalmin.

A 1954 ɗin ya fitar da wata maƙala. Gefe guda, rinjin bayi na Zazzau. Ɗaya gefen, gonar rake ta Jamaika. Jamaika kuma? Me ya kai shi can?

Gida ne.

Sunansa M. G. Smith, haifaffen Kingiston a 1921, masanin halayyar al'umma. Tambayar gidansu ya ƙunso ya kawo Zazzau: me ya sa fiye da shekara 100 bayan 'yanta bayi a 1838, launin fata yake nan yana raba mutanen Jamaika, kowane rukuni da irin aurensa da ibadarsa? A Zazzau sai ya tarar da wani abu dabam. Dimajo, wato ɗan bawa haihuwar gida, Musulmi yake tashi, da Hausa a bakinsa. Ɗan ƙwarƙwara kuwa ɗa ne, yana cin gado, har sarauta yana iya hawa. A nan bauta ta haɗiye jikokinta cikin Hausawa, a can ta bar su a bakin ƙofa. Masanan da suka biyo bayansa sun ce ya sassauta zafin rinji, kuma ni a ganina suna da hujja.

Da wannan idon ya koma ya nazarci tsibiran Giranada da Kariyaku. A littafinsa na 1965 ya ce jama'ar yankin Karibiyan gwamnati ɗaya ce ta ɗaure su, kasuwa ke haɗa su, amma al'ada ta raba su. Kamar karar Maigatari ce ran Alhamis: Bafillace da Buzu da ɗan Kudu su yi ciniki, dillali ya karɓi la'ada, da yamma kowa ya kama hanyarsa.

Mutanen ƙasarsa da yawa ba su ji daɗin wannan hukunci ba, domin taken Jamaika haɗin kai yake wa'azi. Duk da haka Firayim Minista Michael Manley ya ɗauke shi mai ba shi shawara a shekarun 1970. Smith ya rasu a Ingila a 1993.