Raha a Ɗakin Tiyata: Da Wa Ake Dariya?

Kawuna Bafulatani ne, ya haura shekara sittin bai taɓa kwana a asibiti ba, sai da ciwon ƙaba ya kai shi. Ranar aiki aka tura shi ɗakin tiyata a kan gado mai taya, babu hula babu rawani, daga shi sai 'yar rigar nan mai buɗaɗɗen baya. Ya ce mini tun da yake bai taɓa jin tsoro irin na ranar ba, har haƙoransa suna haɗuwa. Mai sa barci ya duba katinsa, ya ji harshensa, sai ya ce, "Alhamdu lillahi, yau dai bawana ya shigo hannu." Kawu ya ɗaga ido, ya hangi tsagen Barebari a saman takunkumin fuskar mutumin, ya ce, "Yaro, yi aikinka da kyau, in na tashi in 'yanta ka." Ɗakin ya ɗauki dariya. Cikin wannan dariya aka zaunar da shi, ya sunkuya, aka yi masa allurar kashin baya, bai ankara ba ƙafafunsa suka yi nauyi.

Mai jiran majinyaci a bakin ƙofa, da carbi a hannu, zai yi mamaki in aka ce masa ana dariya a ciki. To ana yi, kuma tsohuwar al'ada ce. Tun ƙarni na 14 likitan tiyata Henri de Mondeville na Faransa ya shawarci abokan sana'arsa da su bar 'yan uwa da abokai su faranta ran majinyaci, a kuma samo mai ba shi labaran ban dariya. A zamanin da babu ingantaccen maganin kashe zafi, abin da ake da shi ke nan: saurin hannun likita, ƙarfin masu danne majinyaci, da daɗin baki.

Shi kansa maganin sa barci daga wurin wasa ya fito. A shekarar 1799 wani matashin masani, Humphry Davy, ya riƙa shaƙar iskar naitiros oksaid a birnin Bristol na Ingila, shi da abokansa, suna ta ƙyaƙyatawa, har iskar ta sami laƙabin iskar dariya. A littafin da ya fitar a 1800 ya ambata cewa za ta iya amfani wajen tiyata, amma maganar ta kwanta sama da shekara arba'in. Masu wasan dandali ne suka ɗauki iskar suna yawo da ita gari gari, a biya kuɗi a kalli mutane suna shaƙa suna tangaɗi. A Disambar 1844, a garin Hartford na Amurka, wani likitan haƙori mai suna Horace Wells yana cikin 'yan kallo, ya ga wani saurayi ya bugi benci ya ji rauni a ƙafa bai ko sani ba. Kashegari Wells ya shaƙi iskar, ya sa aka cire masa haƙori. Haka Crawford Long na jihar Jojiya ya lura da abokansa a wurin shaƙar sinadarin eta don nishaɗi, suna faɗuwa suna ƙujewa ba sa jin zafi, sai ya yi amfani da shi ya cire wa wani ƙari a wuya a Maris na 1842. Sai ranar 16 ga Oktoban 1846 William Morton ya nuna aikin eta a gaban taron likitoci a Boston, duniya ta karɓa.

Wannan nasara ta zo da wani sabon nauyi. Kafin ta, majinyaci idonsa biyu, yana jin duk abin da aka faɗa a kansa. Bayan ta, ya zama mutum kwance tsirara, ba ya ji, ba ya gani, ba ya iya kare kansa, kewaye da mutanen da za su tsaya sa'o'i suna aiki suna hira. Abin da za su faɗa a wannan lokaci ya rage tsakaninsu da Allah.

Kada a yi saurin zarginsu. Wanda ya wuni a tsaye, hannunsa cikin jinin mutum, ya san cewa kuskuren da bai kai ƙwayar gero ba zai iya raba uwa da 'ya'yanta, yana bukatar abin da zai sassauta masa ƙirji. Raha tana yin wannan aiki, tana kuma yin wanda ya fi shi: tana sake harshen ƙananan ma'aikata. A ɗakin da babban likita yake murtuke fuska yana daka tsawa, nas ɗin da ta ƙirga auduga ta ga ɗaya ta ɓata za ta yi ta juya maganar a baki kafin ta furta. Wani bincike da aka buga a 2019 ya gwada likitocin sa barci masu neman ƙwarewa a Amurka, a tiyatar kwaikwayo da jini ya ɓalle. Waɗanda aka haɗa da likitan tiyata mai sakin fuska, kashi 91 cikin 100 sun yi aikin yadda ya kamata. Waɗanda aka haɗa da mai gatsali, kashi 64 ne kawai. Shimfiɗar fuska ta fi ta tabarma, in ji Hausawa, a ɗakin tiyata kuwa tana iya zama sanadin tsira.

Majinyaci ma yana cin moriyarta. A wani asibitin yara na birnin Florence a Italiya, an gwada yara 40 a binciken da ya fito a 2005. Rabi iyaye kaɗai suka raka su wurin sa barci, rabi kuma aka haɗa musu da 'yan wasan barkwanci. Yaran rukuni na biyu sun fi natsuwa ƙwarai. Duk da haka yawancin ma'aikatan ba su so a ci gaba ba, domin suna ganin wasan yana shiga hidimar aiki. Su ma suna da hujja, don akwai lokacin da ɗakin tiyata yake bukatar shiru tsit.

Akwai kuma baƙar raha, wadda ake yi a gaban mutuwa. Katie Watson, malamar ɗa'ar aikin likita a Amurka, ta kawo wani labari a maƙalarta ta 2011. Wasu matasan likitoci masu aikin dare sun yi odar abinci, suka yi ta jira shiru. Can sai aka shigo da wani yaro da aka harba, ashe mai kawo abincin ne. Suka buɗe ƙirjinsa, suka yi iya yinsu, rai ya yi halinsa. Da aka tsinci kwalin abincin a waje, sai ɗayansu ya tambayi nawa ya kamata su ba shi tukwici. Suka yi dariya, suka ci, suka koma kan sauran majinyata. Labarin yana tayar da tsikar jiki. Watson ta ce abin da suka yi wa dariya mutuwa ce da gazawarsu a gabanta, babu dangin yaron a wurin, kuma akwai masu jiran su da sauran dare a gaba. Ko mutum bai gamsu ba, zai fahimci cewa zuciyar da ta cika tana neman mafita.

To ina iyakar take? A 2013 wani mutum a jihar Virginia ya je a duba masa hanji da kyamara. Ya kunna rikodar wayarsa don kada ya manta bayanin likita, wayar ta ci gaba da ɗauka har aka gama. A hanyar gida ya ji likitar sa barci tana yi masa ba'a, tana cewa ta ji kamar ta naushe shi, tana danganta ƙurajen jikinsa da tunjere, har ta ce za ta rubuta masa basir da ba shi da shi. A 2015 kotu ta ba shi diyyar dala 500,000. A Birmingham ta Ingila kuma, likita Simon Bramhall ya zana haruffan sunansa a kan hantar majinyata biyu da ya yi wa dashe a 2013, da na'urar tsayar da jini. Ya ce ya yi ne don ya sassauta zaman ɗar-ɗar a ɗakin. An ci shi tarar fam 10,000 a 2018, aka soke sunansa daga rajistar likitoci a 2022.

Mu Hausawa muna da ma'aunin da zai raba waɗannan da abin da ya faru da kawuna, domin mun daɗe da sanin dokar wasa. Bakano da Bazazzagi, Bagobiri da Bayarabe, jika da kaka, taubashi da taubashiya, duk wasansu ya halatta ne saboda akwai ramuwa. Ka faɗa, a mayar maka, a tashi babu wanda ya ƙasƙanta. Darajar wannan al'ada ce ta sa hukumar UNESCO ta sanya wasan barkwanci na Nijar cikin gadon al'adun duniya a 2014. Wanda aka sa barci ba shi da bakin ramawa. Duk wasan da aka yi da ƙibarsa, ko tsiraicinsa, ko talaucinsa, ko yawan haihuwarta, ya tashi daga wasa ya koma izgili, wanda Suratul Hujurat ta hana, ya kuma haɗa da cin amana. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, yakan yi raha da sahabbansa, amma ba ya faɗin komai sai gaskiya, ba ya kuma muzanta kowa.

Sannan zaton cewa ba a ji, zato ne mai rauni. Wani babban bincike na Birtaniya a 2014 ya gano cewa a cikin kusan kowane mutum 19,000 da aka sa barci, ɗaya yakan kawo rahoton ya farka ana tsakiyar aiki. A asibitocinmu kuwa, yawancin matan da ake yi wa tiyatar haihuwa allurar kashin baya ake yi musu. Zane ne kawai tsakaninsu da wuƙa, kunnensu a buɗe yake. Kalmar da aka jefa wa mace a wannan hali takan zauna mata har tsufa, takan kuma hana ta, da maƙwabtanta, komawa asibiti a haihuwa ta gaba.

Ɗalibin likita ba a aji yake koyon wannan ba. A tsaye yake koyo, yana riƙe da ƙarfen buɗe ciki, yana sauraron abin da manya suke dariya a kai. Don haka nauyin yana wuyan manyan. Su yi raha da gajiyarsu, da junansu, da wutar da ta ɗauke, su yi da majinyaci in idonsa biyu kuma ya karɓa. In ya yi barci, su ɗauka yana ji, su faɗi abin da za su iya maimaitawa a gabansa bayan ya farka.

Kawu ya warke. Da ya koma a cire masa zare, sai da ya sa aka nemo masa Babarbaren nan, ya miƙa masa ƙwaryar man shanu, ya ce, "Karɓi, na cika alkawari, daga yau kai ɗa ne."