Wanda ya kai mai rauni asibiti: me doka ta tanadar masa?

Daga Baturiya, a ƙaramar hukumar Kiri Kasamma, zuwa Babban Asibitin Haɗejiya akwai 'yar tafiya, da damina kuwa, in ruwa ya mamaye fadama, sai ta ƙara tsawo. Idan mota ta kife a irin wannan hanya, galibi ɗan acaɓa ne, ko manomin shinkafa, ko masunci ke fara isa wurin. Wani lokaci sai a yi cirko-cirko, kowa na gudun a ce masa, "Kai ka kawo shi, kai za ka yi bayani."

Tsoron yana da asali. A 1984 gwamnatin soja ta kafa dokar fashi da makami, wadda ta wajabta wa asibiti ya sanar da 'yan sanda duk wanda aka kawo da raunin harsashi. Sanarwa kawai dokar ta nema. Amma a aikace sai abin ya juye: asibitoci suka koma neman takardar 'yan sanda kafin su taɓa majinyaci, al'adar kuma ta nasa har ta shafi waɗanda suka yi haɗarin mota. Su kuma 'yan sanda, idan mai raunin ya suma ko ya cika, suna buƙatar wanda zai faɗi yadda aka yi. Direban da ya yi ɓarnar wataƙila ya tsere. Wa ya rage a hannu? Wanda ya ɗauko shi, ga jini a rigarsa. A nan ne shaida ke rikiɗewa ya zama wanda ake tuhuma.

Gyaran ya zo ne gutsure-gutsure. Dokar Hukumar Kiyaye Haɗurra ta 2007 ta mai da ƙin karɓar wanda ya yi haɗari laifi, tarar naira 50,000. Sashe na 20 na Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ya hana asibiti ko ma'aikacin lafiya ƙin ba da agajin gaggawa bisa kowane dalili. Hukuncin tarar naira 100,000 ne, ko ɗaurin da bai wuce wata shida ba, ko duka biyun. Waɗannan majinyaci suke karewa, amma suna sauƙaƙa wa mai taimako, domin ba shi da hujjar zuwa caji ofis kafin likita ya fara aiki.

Dokar da ta ambaci mai taimako ƙarara ita ce ta 2017, wadda Shugaba Buhari ya sa wa hannu. Ta ce a yi wa wanda aka harba magani da takardar 'yan sanda ko babu, asibiti ne zai kai rahoto cikin awa 2 da fara jinya, kuma a mutunta wanda ya kawo shi, kada a tsare shi da tambayoyin muzantawa. Sai dai batun harbi take yi, ba haɗarin hanya ba.

Saboda haka wanda ya ɗauko mai haɗari yana dogara ne da haƙƙin kowane ɗan ƙasa. Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ta hana kama mutum a madadin wanda ake zargi. Sashe na 35 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba wanda aka tsare damar yin shiru har ya ga lauya, ya kuma ce a kai shi kotu cikin kwana 1 idan akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu, kwana 2.

Indiya ta bi wata hanya. Bayan ƙarar da gidauniyar SaveLIFE ta shigar, Kotun Ƙolin ƙasar ta tabbatar a 2016 cewa ba za a tilasta wa mai taimako ya faɗi sunansa ko ya zama shaida ba, a 2019 kuma majalisa ta shigar da kariyar cikin dokar ababen hawa.

A ganina irin wannan sashe guda, mai ambaton haɗarin hanya da sunansa, shi ne ya kamata majalisarmu ta yi, domin ɗan acaɓan Kiri Kasamma ba zai tsaya a gaban kantar 'yan sanda yana haɗa dokoki huɗu ba. Kafin nan, kiran lambar 122 ta jami'an kiyaye haɗurra tun daga wurin da abin ya faru, da tafiya tare da wani wanda ya ga yadda aka yi, suna rage yiwuwar a riƙe mutum.