Satifiket na Jabu: Me Ya Sa Hoton Takarda a Waya Ba Ya Zama Hujja a Kotu?

A yau, duk mai wayar hannu da manhajar gyara hoto zai iya sauya maki ko suna a kan takardar sakamakon jarrabawa cikin 'yan mintoci. Sai dai idan magana ta kai gaban alƙali, ba kyawun takardar ake dubawa ba. Abin da ake nema shi ne bayanan da ke ajiye a rumbun hukumar da aka ce ita ta bayar da takardar.

Misali daga JAMB

A 2023, wata ɗaliba a jihar Anambra ta nuna takardar da ke cewa ta ci maki 362 a jarrabawar JAMB, har aka fara yi mata kyaututtuka. Hukumar ta ce 249 ne a rumbunta, kuma lambar QR da ke jikin takardar tana nuna bayanan wata ɗaliba ce daban. Kwamitin da gwamnatin jihar ta kafa ya tabbatar da maganar JAMB, kuma an haramta wa ɗalibar zana jarrabawar har shekara 3. Lambar QR tana ɗauke da bayanan mai ita na asali, don haka kwafo ta daga takardar wani tona asirin kai ne.

Abin da doka ta tanada

Kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya hana takara ga duk wanda ya miƙa wa INEC takardar shaida ta jabu: sashe na 137 ya shafi shugaban ƙasa, na 182 gwamna, na 66 kuma 'yan Majalisar Tarayya. A dokar Penal Code da ake aiki da ita a Arewa, ƙirƙirar takardar jabu na iya jawo ɗaurin da ya kai shekara 14.

Amma zargi kawai ba ya isa. Tunda jabu laifi ne, wanda ya kawo zargin sai ya tabbatar da shi ba tare da wani kokwanto ba, galibi ta hanyar gayyato jami'in makarantar ko na hukumar jarrabawa ya zo da rajistarsu. Hoton da ke yawo a WhatsApp ko Facebook kuwa, sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 ya ce bayanin da ya fito daga kwamfuta ko waya sai an haɗa shi da takardar da ke bayyana na'urar da yadda aka fitar da shi.

Bambancin suna ma tarko ne

Ranar 13 ga Fabrairu, 2020, ana jajiberin rantsar da shi, Kotun Ƙoli ta soke zaɓen David Lyon a matsayin gwamnan Bayelsa. Ba takardunsa ne suka jawo ba, na mataimakinsa ne, Biobarakuma Degi-Eremienyo, waɗanda ke ɗauke da sunaye mabambanta. Wannan darasi ne ga matasa da yawa da ake rubuta musu Muhammad a WAEC, Mohammed a katin NIN, Mamman kuma a takardar firamare.

Abin da za a iya yi da waya

A watan Oktoba na 2022, WAEC ta buɗe shafin satifiket na intanet, wanda ya fara da takardun 1999 zuwa yau. Mai takarda zai iya sauke tasa ko ya tura wa makaranta ko ma'aikata ta tantance. NECO ma ta ƙaddamar da nata tsarin, e-Verify, a 2023. Sakamakon JAMB kuma ana samun sa ta tura UTMERESULT zuwa 55019 daga layin da aka yi rajista da shi.

Yana da kyau kowane ɗalibi ya kwatanta takardar hannunsa da abin da ke waɗannan shafuka, musamman idan a shagon kwamfuta aka buga masa ita. In akwai kuskuren suna ko ranar haihuwa, a nemi gyara wurin hukumar da ta bayar, tun kafin neman aiki ko gurbin karatu. Masu tallar "ƙarin maki" a Telegram da WhatsApp kuwa, hoton kawai suke gyarawa. Makin da ke rumbun hukumar yana nan yadda yake, kuma shi za a kawo kotu.